Galet ɗin dankali: kasko ɗaya, baƙi nawa?

Masu koyar da girkin zamani sun shigo mana da wani abincin Faransa mai suna galet. A fere dankalin turawa, a yanka shi fale-fale, a jera a kasko hawa-hawa, a shafa bota, a barbaɗa ganyen ƙamshi, a gasa har ya yi ja, a kife a faranti a yanka kamar kek. Alkawari uku suke haɗawa da shi: yana da arha, ba wuya, kuma yana fitar da uwargida kunyar baƙi. To, tunda daga aljihunmu kuɗin cefane ke fita, mu ɗauki biro.

Awon da aka saba bayarwa shi ne kilo ɗaya na dankali, bota cokali huɗu (kimanin giram 60), kasko ɗaya, mutum shida. A gasa minti 45 zuwa awa ɗaya.

Mu fara da arha. Kilo ɗaya ba kilo ɗaya yake shiga kasko ba. Wuƙa tana tafiya da ɓawo da idon dankalin da wurin da ya soma ruɓewa. Mu ce giram 150. Saura 850. Kowane giram 100 na ɗanyen dankali kalori 77 ke cikinsa, wato 655 ke nan. Botar ta ba da kusan 430. Jimla 1,085. A raba wa mutum shida, kowa ya tashi da 180. Baligi kuwa yana bukatar 2,000 ko fiye a yini. Baƙon da ya taso daga Gwiwa ko Roni tun da hantsi, abin da aka ajiye masa bai kai kashi ɗaya cikin goma na abincin yininsa ba. Kuma kashi 40 cikin 100 na wannan ɗan abin ma daga mai ya fito.

A ɗora shinkafa a ɗaya gefen sikelin. Kilo ɗaya na ɗanyarta yana da kalori wajen 3,600, ba ɓawon da za a zubar. A raba 3,600 da 655, a sami biyar da rabi. Kafin dankali ya yi kunnen doki da shinkafa wajen ƙosarwa, sai kuɗin kilo ɗaya na shinkafa ya sayi kilo biyar da rabi na dankali. Kowa ya je kasuwar Kazaure ko ta Babura ya tambaya, ko a tsakiyar kakarsa, ya gani ko zai samu haka.

Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Kusan kashi 80 cikin 100 na dankali ruwa ne. Mafi yawan wanda ake ci a ƙasar nan daga Filato yake fitowa, wajen Bokkos da Mangu da Barikin Ladi. Daga can zuwa Jos, zuwa kasuwar 'Yankaba a Kano, zuwa Kazaure, tafiya ce ta sama da kilomita 400. A buhu mai kilo 100, kilo 80 ruwa aka yi wa dako, kuma mai saye ne ya biya kuɗin motarsa. A farashin gwamnati, litar fetur ba ta kai naira 200 ba kafin a cire tallafi ranar 29 ga Mayu, 2023. Kafin ƙarshen 2024 ta haura 1,000. Ƙananan motocin da ke rarraba kayan gwari daga Kano zuwa garuruwanmu wannan man suke sha.

Yanzu yawan baƙi. Shida ɗin nan lissafin gidan da ake gayyata da suna ne, a jera kujeru daidai kawuna. A gidanmu wanda ya yi sallama ya zama baƙo, ga kwanon maƙwabta, ga na zaure. Ranar suna ko yawon sallah, mutum 24 ba taro ba ne. Kasko huɗu ke nan, dankali kilo huɗu, bota kusan kwatar kilo. Don sauƙin lissafi mu ƙaddara kilo naira 1,000, mai karatu ya sauya da farashin da ya tarar. Dankali kaɗai 4,000. Mafi ƙarancin albashi da aka sa wa hannu a watan Yulin 2024 naira 70,000 ne, wato 2,333 a rana. Ladan kusan kwana biyu ya tafi, ba a sayi mai ba, ba a hura wuta ba, kuma tukunyar shinkafar tana nan daram, dole a ɗora ta.

Sai sauƙi. Dankalinmu ƙanana ne, a sami kamar 12 a kilo. Kowane zai ba da yanka 20 in ana son kaurin milimita biyu zuwa uku. Yanka 240 a kasko, 960 a huɗu. In hannu ya ƙware, daƙiƙa uku kowane yanka, minti 48 ke nan, ban da fira da jerawa. Gashi kuma, in kaskon ɗaya ne, awa huɗu. Tandun lantarki mai kilowat biyu zai iya shan yunit takwas a wannan lokaci, amma kuɗin yunit ba shi ne abin dubawa ba. Abin dubawa shi ne ko wutar za ta tsaya awa huɗu a jere. Wadda ba ta da tandu sai ta koma dabarar gashin kek, tukunya da yashi, gawayi sama da ƙasa, tana tsaye a kai kada gindin ya ƙone tsakiya na ɗanye.

Ganyen ƙamshin ba ya bukatar dogon zance. Ɗanyen ganyen da Turawa ke tsinkowa a tukunyar taga ba a kasa shi a kasuwanninmu. Busasshen tayim na leda da lawashi da tafarnuwa da ɗoɗɗoya sun wadatar, soyayyen man shanu kuma ya fi botar kanti ƙamshi. A nan kam an sami rangwame.

Akwai inda lissafin ke tsayawa da ƙafarsa. Baƙi shida, an san sa'ar zuwansu, akwai shinkafa da miya, galet ya zo a gefe a matsayin marmari. Kasko ɗaya, awa ɗaya da rabi, ba laifi. In aka sa dankalin Hausa, wanda ake nomawa a yankinmu kuma yake da kalori 86 a giram 100, kuɗin dakon ya ragu sosai, sai dai zaƙinsa yana sa shi saurin ƙonewa.

Saura alkawari na uku. Duk armashin galet a ƙamas-ƙamas ɗin bayansa yake, kuma da zafi ake cin sa. A zuba shi a kula, tururi ya jiƙa shi, ya koma dafaffen dankali mai maiƙo. Baƙinmu kuwa ba tare suke isowa ba: wasu bayan azahar, wasu bayan la'asar, na Babura sai sun sami mota. Da kasko ɗaya, lokacin da na huɗu zai sauka, na farko ya yi awa uku a rufe.