Paul Robeson: Mai Murya Ba Ya Fakewa Da "Aiki Aka Ba Ni"

 

Akwai amsar da 'yan wasa da mawaƙa suka saba bayarwa duk lokacin da aka tuhume su kan wata rawa da suka taka ko waƙar da suka rera: "Ni aiki aka ba ni, ba ni na rubuta ba." Mu marubuta ma amsar kan yi mana daɗi, domin tana nuna mu ne masu magana, ɗan wasa kuwa bututu ne kawai da maganar ke bi ta wuce. Ni ban yarda da wannan amsa ba. Hujjata kuwa ita ce rayuwar Paul Robeson, wani Ba'amurke baƙar fata da ya yi tashe a wasan kwaikwayo mai waƙa, wato wasan dandali da ake haɗa zance da waƙa da rawa, ɗan wasa ya rera da bakinsa a gaban 'yan kallo kowane dare.

An haifi Robeson a 1898 a garin Princeton da ke jihar New Jersey. Mahaifinsa bawa ne da ya gudu daga hannun iyayengijinsa tun yana saurayi, ya yi karatu har ya zama limamin coci. Robeson ya shiga Jami'ar Rutgers a 1915, shi ne baƙar fata na uku da ya taɓa karatu a can. Ya yi fice a ƙwallon ƙafa irin ta Amurka, har sau biyu ana sanya shi cikin gwanayen 'yan wasan jami'o'in ƙasar, kuma shi ya yi jawabin bankwana a madadin 'yan ajinsa a 1919. Daga nan ya karanta lauya a Jami'ar Columbia. Aikin lauyan bai yi nisa ba. Wata sakatariya farar fata ta ƙi rubuta abin da yake shifta mata saboda launin fatarsa, sai ya tattara nasa ya nasa ya koma dandali.

Wasan da ya ɗaga shi duniya ta san shi shi ne Show Boat, wanda Jerome Kern ya tsara wa kiɗa, Oscar Hammerstein ya rubuta waƙoƙinsa. Labari ne na wani jirgin ruwa da ke yawo a kogin Mississippi yana tsayawa gari gari ana nuna wasa. Robeson ya fito a matsayin Joe, ɗan dako a bakin kogi. Rawar ba ta da yawa, amma a bakin Joe aka ɗora waƙar "Ol' Man River", wadda ke kwatanta wahalar baƙaƙen lebura da kogin da ke ta gudu abinsa, babu ruwansa da kukan kowa. Ya taka rawar a Landan a 1928, ya sake takawa a New York a 1932, sannan a fim a 1936. Muryarsa mai kauri ta sa waƙar ta zama tasa, har mutane da yawa suka manta ba shi ya fara rera ta a dandali ba.

To, a tsakiyar wannan tashe ne ya yi tuntuɓen da ya shafe mu kai tsaye. A 1935 aka saki wani fim na Birtaniya mai suna Sanders of the River, wanda aka gina a kan labaran marubuci Edgar Wallace, aka kuma ɗora labarin a Najeriya ta zamanin mulkin mallaka. Robeson ya fito a matsayin Bosambo, sarkin da Bature ya naɗa, sanye da fatar dabba, yana waƙar yabon jami'in mulkin mallaka. Cikin 'yan Afirkan da aka ɗauka su cike taro a fim ɗin har da Jomo Kenyatta, wanda daga baya ya zama shugaban Kenya. Robeson ya karɓi aikin ne da zaton fim ɗin zai nuna wa duniya martabar kiɗa da al'adun Afirka, domin a lokacin yana ta nazarin harsunan nahiyar a Landan. Da aka gama tacewa, saƙon da ya fito shi ne baƙar fata yara ne, in Bature ya juya baya sai su hau yanka juna. Robeson ya fito fili ya barranta daga fim ɗin, ya ce an sauya masa alƙibla bayan ya gama nasa aikin.

Zancen sauya alƙibla yana da ƙanshin gaskiya, amma bai wanke shi tas ba. Littattafan Wallace suna kasuwa tun kafin a fara ɗaukar fim ɗin, kuma ba a ɓoye suke da ra'ayinsu kan 'yan Afirka ba. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Waɗanda suka kalli fim ɗin ba su san sunan wanda ya tace shi ba, fuskar Robeson suka gani, muryarsa suka ji. Da wani farar fata ne ya ce mulkin mallaka rahama ne, da an ce ra'ayinsa ne. Da maganar ta fito daga bakin baƙar fatar da ya fi kowa suna a lokacin, sai ta zama shaida. Wannan shi ne abin da masu cewa "aiki aka ba ni" ke tsallakewa: wanda ya ɗauke ka aiki ba muryarka kaɗai ya saya ba, ya sayi amincin da mutane suka ba ka.

Abin da ya sa Robeson ya cancanci a yi maƙala a kansa shi ne bai tsaya ga ɗora wa wasu laifi ba. A 1937 ya shiga cikin waɗanda suka kafa wata majalisa a Amurka mai fafutukar 'yancin ƙasashen Afirka. A 1938 ya je Sifaniya ana tsakiyar yaƙin basasa ya yi wa masu yaƙi da dakarun Janar Franco waƙa. A 1940 ya fito a fim ɗin The Proud Valley tare da masu haƙar kwal na yankin Wales. A 1942 ya sanar da cewa ya daina fitowa a finafinan Hollywood saboda irin rawar ƙasƙanci da ake ware wa baƙar fata. Ya kuma riƙa ƙin yin waƙa a zauren da aka raba wa farare da baƙaƙe wurin zama.

Sannan ya koma kan waƙar da ta yi masa suna. Daga ƙarshen shekarun 1930, duk lokacin da zai rera "Ol' Man River" a taronsa na kansa, sai ya sauya kalmominta. Ya cire kalmomin da ke ƙasƙantar da baƙar fata. Inda waƙar ke nuna lebura ya bugu an kai shi kurkuku, ya mayar da shi mutumin da aka ɗaure don ya nuna jarumta. Inda take nuna gajiya da sallamawa, ya mayar da wurin na naci da ci gaba da gwagwarmaya. Hammerstein bai ji daɗi ba. A 1949 ya ce ba shi da niyyar sauya kalmominsa ko barin wani ya sauya su, ya kuma ba Robeson shawara ya je ya rubuta nasa waƙoƙin.

Na san a nan da yawanmu za mu bi bayan Hammerstein, domin babu marubucin da ke son a taɓa masa rubutu. Kuma yana da hujja. Gajiyar Joe gaskiya ce, haka rayuwar ɗan dako take a bakin Mississippi, kuma adabin da ya ƙi nuna gajiyar talaka ya yi ƙarya. Sai dai akwai bambanci tsakanin Joe da Robeson. A cikin wasa, Joe ne ke magana, labari na kewaye da shi, ɗan kallo ya san daga ina gajiyar ta fito. A taron waƙa kuwa babu jirgi, babu kogi, babu Joe. Robeson ne tsaye da sunansa a gaban ma'aikata masu yajin aiki ko sojojin da ke bakin daga. Duk abin da ya rera a nan, nasa ne. A ganina haƙƙin marubuci ne a bar rubutunsa yadda yake a cikin wasansa, kuma haƙƙin mawaƙi ne ya ƙi faɗin abin da bai yarda da shi ba da sunan kansa.

Kada kuma a fahimce ni cewa ɗan wasa ya guji fitowa a mugu. A 1943 Robeson ya taka rawar Othello, mutumin da kishi ya sa ya kashe matarsa, aka nuna wasan sau 296 a Broadway, abin da babu wani wasan Shakespeare da ya taɓa kaiwa a can. Babu wanda ya zarge shi da goyon bayan kisan mata, domin wasan gaba ɗayansa tir yake yi da aikin. Abin dubawa shi ne inda aikin baki ɗaya ya dosa, da wanda zai amfana idan mutane suka gaskata shi.

Wannan tsayuwa ta ci masa tsada. A 1949 ya yi jawabi a wani taron zaman lafiya a Faris, jaridun Amurka suka ruwaito shi yana cewa baƙaƙen Amurka ba za su yaƙi Tarayyar Sobiyet ba. A wannan shekarar 'yan daba suka far wa mahalarta taron waƙarsa kusa da garin Peekskill da duwatsu da sanduna, fiye da mutum 100 suka jikkata. A 1950 gwamnati ta soke fasfonsa. Zauruka suka rufe masa ƙofa, kantuna suka janye faya-fayansa, kuɗin da yake samu a shekara ya faɗo daga sama da dala 100,000 zuwa 'yan dubbai. Har sunansa aka goge daga jerin gwanayen ƙwallon da ya shiga tun yana ɗalibi. Duk da haka bai yi shiru ba. A 1952 ya tsaya a bayan babbar mota a kan iyakar Amurka da Kanada ya yi wa dubban mutane waƙa. A 1957 ya yi wa masu sauraro a Landan da masu haƙar kwal na Wales waƙa ta wayar tarho. Da 'yan majalisa suka tambaye shi a 1956 me ya sa bai zauna a Rasha ba, ya amsa musu cewa mahaifinsa bawa ne, mutanensa sun mutu wajen gina Amurka, don haka yana nan daram, yana da rabo a cikinta kamar kowa.

Amma adalci ya sa dole a faɗi ɗaya ɓangaren, kuma shi ne ya fi ƙarfafa abin da nake faɗa. Robeson ya ƙaunaci Tarayyar Sobiyet domin a can ne ya ce ya fara jin an ɗauke shi cikakken mutum. Wannan ƙauna ta rufe masa baki. A 1949 a Mosko ya nemi ganin abokinsa Itzik Feffer, wani Bayahude mai rubuta waƙoƙi, aka fito da shi daga tsare aka kawo masa. Kamar yadda ɗan Robeson ya bayyana daga baya, Feffer ya sanar da shi ta hanyar ishara halin da ake ciki, da kisan da aka yi wa abokinsu Solomon Mikhoels. Robeson ya ambaci sunayensu a taron waƙarsa na Mosko, ya kuma rera waƙar Yahudawan da suka yi turjiya ga 'yan Nazi. Amma da ya koma gida bai fito ya faɗi abin da ya gano ba. An kashe Feffer a 1952. A shekarar ce Robeson ya karɓi lambar yabo mai sunan Stalin, da Stalin ya mutu a 1953 kuma ya rubuta masa ta'aziyya cike da yabo.

Masu kare shi na cewa ya ji tsoron ba maƙiyansa makami ne, a daidai lokacin da ake farautarsa a gida. Na fahimci wannan, amma uzuri ne irin na Bosambo a sabuwar riga. Karo na farko ya ba daular Birtaniya aron muryarsa bisa kyakkyawan zato. Karo na biyu ya ba wata daular aron shirunsa, kuma a wannan karon babu mai tace fim da za a ɗora wa laifi. Mutumin da ya iya ce wa kuɗi a'a, ya iya ce wa gwamnatinsa a'a, ya kasa ce wa masoyansa a'a. A nan ne jarrabawar ta fi tsanani, domin wanda ya mutunta ka lokacin da kowa ke wulaƙanta ka ya fi mai biyanka kuɗi wuyar saɓa wa.

A 1958 hukuncin Kotun Ƙolin Amurka a wata shari'a ya sa aka mayar masa da fasfonsa. Ya koma Ingila ya sake taka Othello a 1959, a 1960 kuma ya yi wa leburorin da ke gina babban gidan waƙa na Sydney a Ostireliya waƙa a wurin aikinsu. Amma shekaru takwas na kulle sun riga sun cinye ganiyarsa. Rashin lafiya ya kwantar da shi, ya ƙare rayuwarsa a gidan 'yar uwarsa a Philadelphia, ya rasu a Janairun 1976 yana da shekara 77. Sai a 1995 aka shigar da sunansa zauren tunawa da gwanayen ƙwallon jami'o'i.

Magana zarar bunu ce. Wanda ya rubuta ta yana da alhakinsa, wanda ya furta ta ma yana da nasa, kuma na ɗaya ba ya sauke na ɗayan. Robeson ya gane haka bayan ya sha kunya, ya biya kuɗin ganewar da dukiyarsa da sunansa da lafiyarsa, sannan duk da haka ya sake zamewa a inda zuciyarsa ta fi karkata. Idan mutum mai irin wannan ilimi da jarumta bai tsira ba, to wanda bai taɓa tambayar kansa ko wa muryarsa ke yi wa aiki ba fa?

Ga 'yan uwa marubuta, musamman masu rubuta wasan kwaikwayo da waƙa, ina son jin ta bakinku: da kai ne Hammerstein, za ka bar Robeson ya sauya maka kalmomi? Allah Ya sa mu dace, Ya kai mu mako mai zuwa lafiya.