Wa Zai Rubuta Tarihin Ba'ar Damargu?

Littattafan da aka wallafa kan tarihin mujallun shaguɓe da zanen barkwanci kusan daga wuri ɗaya suke ɗauko zarensu: birnin Paris a farkon shekarun 1830. A can ne Charles Philipon ya tsaya gaban kotu a 1831 bisa zargin cin mutuncin Sarki Louis-Philippe, ya zana fuskar sarkin sau huɗu, tana rikiɗa sannu a hankali har ta koma ɗan itacen nan mai tsukakken kai da faɗin gindi da Faransawa ke kira poire. A shekarar da ta biyo baya aka ɗaure Honoré Daumier wata shida saboda wani zanen, Philipon kuma ya kafa Le Charivari. Daga nan marubutan sukan tsallaka Landan su ɗauko Punch ta 1841, su dawo Paris wajen Le Canard enchaîné ta 1915, su haura Amurka wajen Mad ta 1952. Tarihi ne mai daɗin karatu, ɗalibin harshe kuma ba ya asara idan ya karanta shi. Sai dai wanda ya taso a Belbeji ko Tanut yana iya rufe littafin da zaton cewa ba a fara yi wa mai mulki dariya ba sai da aka sami injin ɗab'i, kuma kakanninsa ba su da rabo a wannan fage.

An yi ƙoƙarin gyara wannan zato. John Lent ya tattara Cartooning in Africa a 2009, Christophe Cassiau-Haurie ya fitar da ƙamus na masu zanen labari na ƙasashen Afirka masu amfani da Faransanci a 2013, Peter Limb da Tejumola Olaniyan suka shirya Taking African Cartoons Seriously a 2018. Tun kafin su Achille Mbembe ya yi nazarin yadda masu zane na Kamaru ke sarrafa jikin shugaba. Ayyuka ne masu nauyi. Amma ma'auninsu har yanzu takarda ce: abin da aka buga shi ake lissafawa, abin da aka faɗa da baki ya bi iska. Da wannan ma'auni, Damargu gaba ɗayanta ba za ta sami ko layi ɗaya ba.

Nijar tana da nata kason a tarihin takardar, ko da yake gajere ne. A watan Mayun 1990 Ibrahim Cheick Diop ya fitar da Haské, jaridar da ta buɗe ƙofar aikin jarida mai zaman kansa, Taron Ƙasa na 1991 kuma ya ƙara wangale ta. Jaridun shaguɓe irin su Le Paon Africain suka ɓullo, daga baya Le Canard Déchaîné, wadda sunanta kansa ba'a ce ga sunan takwararta ta Paris: waccan agwagwa ɗaure take, wannan ta tsinke igiya. Daraktanta, Abdoulaye Tiémogo, ya sha ɗauri a 2002 da kuma 2009. Marie-Soleil Frère ta nazarci harshen jaridun wancan sauyi a littafinta na 2000 kan Benin da Nijar. Tun kafin duk wannan, a 1966, Moustapha Alassane ya yi ɗan gajeren fim na zane, Bon voyage Sim, inda shugaban jamhuriyar kwaɗi ke tafiya ziyarar aiki da duk wani faretin da aka saba yi wa shugabanni. Fim ɗinsa na 1972 ma ya raɗa masa suna da haruffa huɗu, FVVA, tamkar sunan wata ma'aikatar gwamnati, alhali mace, gida, mota da kuɗi yake nufi.

Dukan jaridun nan da Faransanci suke fitowa. Abin lura ga ɗalibin harshe shi ne, idan marubucin ya zo inda yake son ya yi cizo, sau da yawa Faransancin yakan gaza masa, sai ya rarumo kalmar Hausa ya sa mata rigar rubutun Faransa. Haka aka sami wassosso a zamanin gwamnatin ƙawancen AFC bayan zaɓen 1993, da tazartché a ƙarshen mulkin Mamadou Tandja, da tayi tawri a shekarun Mahamadou Issoufou. Kowace ɗaya daga cikinsu ta isa babi guda a kundin digiri. Wasoso ya ɗauko hoton yara suna turereniya a kan abin da aka watsa, ya ɗora shi a kan manya masu rabon muƙamai. Ba a zagi kowa ba, amma an mayar da minista yaro. Tazarce kuwa jimla ce sukutum, lamiri da aikatau, da ta daskare ta zama suna, kuma ta ƙetaro iyaka ne daga Najeriyar zamanin Sani Abacha kafin ta sami sabon gida a nan. Idan aka furta «ta» ɗin da gajeren wasali da faɗaɗɗen sauti, fata ne ko umarni: a bar ta ta ci gaba. Idan aka ja wasalin aka ɗaga sautin, labari ne na abin da ya riga ya auku: ta wuce inda ya kamata ta tsaya. Magoya baya da masu adawa suna iya riƙe allo ɗaya, bakinsu ne kawai zai raba su. Rubutun Faransanci ba ya nuna wannan bambanci, kuma daidaitaccen rubutun Hausa, har da wanda dokar 1999 ta tsayar a Nijar, shi ma ba ya nuna shi.

«Ta yi tauri» ta fi su duka wayo. Wace ce ta yi taurin? Ƙasa ce, rayuwa ce, kasuwa ce, ko gwamnati? Lamirin mace ya tsaya ba tare da sunan da yake wakilta ba, don haka babu wanda za a kama da laifi, kuma babu wanda bai gane ba. Wannan shi ne ginin habaici tun asali. Bahaushe yana da kayan aikinsa a cikin nahawu: «wani», «su wane», lamirin «an» da «aka» da ke ɓoye mai aikatawa, da dabarar fuskantar wanda ba shi ake nufi ba. Uwargida ta dubi kazar da ke tsakar gida ta ce wasu dai ba a ganinsu sai an sauke tukunya; baƙon da ke zaune a zaure ya ji, amma idan ya tanka ya amsa laifinsa da bakinsa. Mai kaza a aljihu ba ya jimirin as. Abin da Philipon ya yi a gaban alƙali ke nan, da ya tambaya ko za a hukunta mutum don ya zana ɗan itace. Dabara ɗaya ce, shi da alƙalami, ita da lamiri.

Ba habaici kaɗai ba ne. Ƴan kama sun daɗe suna kwaikwayon malamai, su ɗauki murya da kari na mai karatu ko mai wa'azi su cika shi da zancen tuwo da nama, C. G. B. Gidley ya rubuta maƙala a kansu tun 1967, Graham Furniss kuma ya sake waiwayarsu a littafinsa na 1996. A Damagaram akwai wasan kara, inda ake naɗa shugabannin wasa masu kwaikwayon tafiya da magana da tufafin na gaske, da kayan sarauta da na mulki da aka harhaɗa da karan hatsi. Janet Beik ta nuna a 1987 yadda wasan kwaikwayon Hausa na Nijar ke faɗa wa ma'aikaci gaskiya cikin raha. Sannan ga taubasantaka, wadda UNESCO ta sa cikin jerin al'adun gado na duniya a 2014 da sunan Nijar. A gari irin Belbeji, inda Bahaushe da Ba'abzine da Bafillace ke haɗuwa ranar kasuwa kuma Hausa ce ke ɗinke cinikinsu, ana jin wannan wasa daga turken dabbobi har rumfar mai shayi.

Abin da ya haɗa waɗannan nau'o'i shi ne suna da ƙa'ida. An san wanda ke da izinin tsokanar wani: Bafillace da Babarbare, Ba'abzine da Bazabarme, jika da kaka, ɗan mace da ɗan namiji. An san lokaci da wuri. Wanda aka tsokana yana nan a gaban mai tsokanar, yana da damar ramawa nan take, kuma fushi a wannan fili abin kunya ne ga mai fushin. Mujalla ba ta da ko ɗaya daga cikin waɗannan sharuɗɗa. Tana fita daga hannun mai zane ta isa inda bai taɓa zuwa ba, wurin mutanen da ba su ƙulla wasa da shi ba.

Damagaram ta ga ƙarshen wannan da idonta. Ranar Juma'a 16 ga Janairun 2015, kwana biyu bayan Charlie Hebdo ta sake fitar da zanen ɓatanci ga Annabi (SAW) a bangonta, zanga-zanga ta ɓarke a birnin, washegari ta kai Yamai. Mutane goma suka rasa rayukansu a biranen biyu, aka ƙone coci-coci, aka cinna wa Cibiyar Al'adu ta Faransa da Nijar da ke Damagaram wuta har da ɗakin karatunta. Zanen cin fuska ne ga abin da musulmi ya fi ƙauna, ba kuma wanda ya isa ya ce wa mutane kada su ji zafinsa. Amma Kiristan Damagaram bai zana komai ba, littattafan da suka ƙone kuma ƴaƴan garin ne ke karanta su. Masu tarihin mujallu sun ɗauki abin a matsayin babi na rigimar ƴancin faɗar albarkacin baki, suka wuce. Wanda ya san ƙa'idar taubasantaka yana da ƙarin bayanin da zai bayar: al'ummar da ta ƙware a ba'a ce ta ci karo da ba'ar da ba ta da izini, ba ta da fuska, ba ta da hanyar ramawa. Wannan bayani ba ya wanke kowa daga jinin da aka zubar, amma babu shi a littattafan, kuma ba mutumin Paris ne zai rubuta shi ba.

Kada kuma a ɗauka ba'ar gida tsarkakakkiya ce. Mai kwaikwayon Hausar Bafillace yakan mayar da «z» ta koma «j», mai kwaikwayon Babarbare yakan sassauta «ƙ» da «ɗ» su koma «k» da «d». Ga mai nazarin sauti wannan taska ce, domin tana nuna abin da kunnen talaka ya kama game da tsarin sautin maƙwabcinsa ba tare da ya shiga aji ba. Amma wannan kwaikwayon ne kuma ke sa yaron da ya zo daga ruga ya kama bakinsa a makaranta. Kalmar «bawana» tsakanin taubasai wasa ce. A yankin da zancen asali bai mutu ba, a ƙasar da sai a 2003 dokarta ta mayar da bauta babban laifi, akwai kunnen da ba ya jin ta a matsayin wasa. Nazarin da zai tsaya a yabon al'ada kawai, rabin aiki ya yi.

Akwai dalilai biyu da ke sa ɗalibai kauce wa wannan fage. Na farko raini ne: ana ganin kundi a kan jam'in suna ko rukunan aikatau ya fi kama da ilimi. Amsar wannan tana cikin «ta» ɗin tazarce, wadda ba ta warwaruwa sai da ilimin karin sauti da na ginin jimla da na ma'ana a lokaci guda. Na biyu tsoro ne, kuma tsoron yana da tushe. Yawancin ba'ar yau ta koma saƙon murya a WhatsApp da gajeren bidiyo a TikTok da Facebook, dokar laifukan intanet ta 2019 kuma, bayan gyaran da aka yi mata a watan Yunin 2024, ta dawo da hukuncin ɗauri kan ɓata suna ta waɗannan hanyoyi. Mai bincike dole ya sakaya sunan wanda ya ba shi magana, ya nemi yardarsa kafin ya naɗi muryarsa, malamin da ke duba aikin kuma ya tsaya masa. Amma jinkiri ma yana da farashi. Saƙon murya yana ɓacewa ranar da waya ta lalace, tsofaffin ƴan kama suna ƙarewa, jaridun shekarun 1990 kuma a kan takarda mai arha aka buga su, wadda gara da zafi ba sa raga mata.

Tun watan Maris na 2025 kundin sake gina ƙasa ya ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa, Faransanci da Ingilishi suka zama harsunan aiki. Idan har jaridar shaguɓe ta Hausa za ta fito wata rana, masu yin ta za su buƙaci sanin yadda ake rubuta habaicin da ya dogara da tsawon wasali, da yadda za a sa Hausar Damargu a bakin mutumin da aka zana ba tare da an mayar da ita ta Kano ba. Sassan nazarin harshe na Jami'ar Abdou Moumouni da takwarorinsu na Jami'ar André Salifou ne ya kamata su riga su yin wannan tunani. Kayan aikin farko ba su da tsada: waya mai naɗar murya, littafin rubutu, da ɗalibi ɗan yankin da zai yi hutun damina yana zama a fadar samari da rumfunan kasuwar Belbeji, yana rubuta wanda ya faɗi magana, wanda aka nufa, wanda ya yi dariya, da wanda ya tashi ya bar wurin.