ZAUREN 'YAN MATA: Kasimu Yero, Mugun Kawun Da Muka So

 Wasiƙunku daga Ikara, Makarfi da Kudan suna isowa, kuma na lura duk wadda ta tashi yabon ɗan wasa, to maganar ba ta wuce wai dogo ne, fari, ga iya murmushi. Haba 'yan mata! Shi ke nan abin da ake nema? To yau ku matso in ba ku labarin wani maƙwabcinmu, Bazazzage, marigayi Kasimu Yero.

A 1980 gidan talabijin na NTA ya fara nuna wani wasan Turanci mai suna Cock Crow at Dawn, wanda aka ɗauka a wajajen Jos don a jawo hankalin jama'a su koma gona. Labarin wani magidanci ne, Bello, da ya kwashi iyalinsa daga birni ya koma ƙauye zai yi noman zamani. Kasimu shi ya fito a Kawu Gaga, dattijon da ya zame masa ƙarfen ƙafa. Wayyo Gaga! Ga taurin kai, ga hassada, ga harara. In ya buɗe baki sai ki ji kamar ki shiga akwatin ki shaƙe shi, amma ranar da bai fito ba, sai wasan ya yi lami kamar miya ba gishiri. Mu da muka tashi cikin gonakin rake ai mun san irinsa, kusan kowace zuriya tana da Gaganta, wanda in yaro ya kawo sabuwar dabara sai ya ce rashin kunya ce.

Abin da ya fi burge ni, wannan mutumin dai shi ne ya riƙa sa mutane dariya har da hawaye a wasan Karambana na NTA Kaduna. Ya kuma fito a Magana Jari Ce, da aka ɗauko daga littafin Abubakar Imam. Hausa a bakinsa tamkar zuma, Turanci kuwa ba ya tuntuɓe. A ganina wanda ya iya sa ki tsane shi yau, gobe ki riƙe ciki don dariya, ya fi samarin da iyakarsu su riƙe fure su zagaya bishiya.

Allah ya yi masa rasuwa a Kaduna ranar 3 ga Satumba, 2017. Allah ya jiƙansa, ya sa ya huta.

Aikinku na wannan wata: ku tambayi Mama ko Baba abin da suke tunawa game da Gaga, ku rubuto mani. Wadda wasiƙarta ta fi daɗi, za ta ga an buga ta a fitowa ta gaba.

Taku har kullum,
Anti.