Wa Ya Riƙe Kyamarar?

A Garwa, kamar a Kano, idan aka ce "mai ɗaukar hoto", wanda ke fara zuwa a rai shi ne mutumin da ake gayyata ranar biki ko suna. Da wannan sunan kuma muke kiran wanda ke tsara hasken fim, ya zaɓi inda kyamara za ta tsaya da tazarar da ke tsakaninta da fuskar ɗan wasa. A ganina, wannan haɗi ba ƙaramar asara yake jawo wa nazarin Hausa ba, domin sana'ar da ba ta da sunan kanta da wuya ta sami shafi a littafi.

Tun bayan fitowar Turmin Danya a Kano a 1990, finafinan Hausa suka bazu har Garwa da Marwa da Ngawundare. Sai dai ɗalibanmu, in sun zo sharhi, jigo da waƙa da jarumai kaɗai suke bi, alhali kuwa mai kallo ido yake fara ba fim kafin kunne.

Mu dubi maƙwabciyarmu Cadi. Kowa na yabon Mahamat-Saleh Haroun saboda Abouna (2002) da Daratt (2006), amma ƙalilan ne suka san Abraham Haile Biru, ɗan Habasha, wanda ya ɗauki hoton duka biyun, ya kuma kafa makarantar koyon fim ta Blue Nile a Adis Ababa. A nan arewacin Kamaru ma, fim ɗin Cyrielle Raingou, Le Spectre de Boko Haram, da aka ɗauka a Kolofata, ya ci babbar lambar bikin Rotterdam a 2023. Ƙarfinsa yana cikin haƙurin kyamara wajen bin rayuwar yara, maimakon farautar jini.

Mai wannan sana'a a fim mai zaman kansa ba shi da albashi. A Janairun 2009 aka rufe manyan gidajen silima uku da suka rage a Yawunde da Duwala da Bafusam, kasuwa ta ƙara ƙuntata. Matashin Garwa da ya san yadda hazon hunturu ke dusashe rana a kan kogin Binuwai yakan koma ɗaukar bukukuwa don ya ci abinci. In ba a ambaci sunansa a aikin farko ba, wa zai neme shi a na biyu?

Shawarata biyu ce. Mu riƙa cewa "mai tsara hoto" don bambanta shi da mai hoton biki. Sannan duk sharhin fim da za ku rubuta, ku jira jerin sunayen ƙarshe, ku ɗauko nasa, ku bayyana abu guda da ya yi da haske. Yaba kyauta tukuici, kuma ambaton suna ne tukuicinsa na farko.