Tsayar da lokaci ko mayar da shi baya: inda Nintendo ya yi sassaucin da bai kamata ba a wasan Zelda

Duk wanda ya buga The Legend of Zelda: Breath of the Wild, wasan da ya fito tare da na'urar Nintendo Switch a ranar 3 ga Maris, 2017, ya san Sheikah Slate, allon da jarumin wasan, Link, yake ratayawa a ƙugu. Kamarsa ɗaya da babbar wayar hannu: yana da taswira, yana ɗaukar hoto, kuma ana loda masa alamomin sihiri kamar yadda ake sauke manhaja. Link zai ɗora allon a kan wani dutse, wani shuɗin ɗigo ya faɗo a kai, sai sabuwar alama ta bayyana.

A cikin alamomin nan, wadda ta fi ban sha'awa ita ce Stasis, mai tsayar da lokaci a kan abu guda. Ɗan wasa zai nuna ƙaton dutse, sarƙoƙi masu launin rawaya su ɗaure shi, ya daskare na 'yan sakanni. Duk dukan da aka yi masa a wannan tsakanin ba ya ɓacewa, taruwa yake yi. Da lokacin ya sake shi, sai dutsen ya yi tsalle da ƙarfin dukan gaba ɗaya, ya nufi inda kibiyar da ke jikinsa ta nuna.

Abin da ya sa Stasis ta yi armashi shi ne tana da tsada. Makaman wasan suna lalacewa, don haka kowane duka yana cin rayuwar takobi ko gudumar da aka sha wahala kafin a samu. Idan dutsen ya kauce hanya, ya tafi ke nan, kuma sai an jira alamar ta sake cika kafin a ƙara gwadawa. Hatta tsayar da abokan gaba ba kyauta ba ne: sai an kai wa Purah kayan tsofaffin injuna a ɗakin bincikenta na ƙauyen Hateno ta inganta alamar. Dole mutum ya auna kusurwa da yawan duka tun kafin ya taɓa maɓalli.

A Tears of the Kingdom, wanda ya fito ranar 12 ga Mayu, 2023, an cire Stasis aka kawo Recall. Wannan ba ta tsayar da abu, mayar da shi take yi ta hanyar da ya biyo. Dutsen da ya faɗo daga tsibiran sama zai koma sama, ɗauke da Link. Abin da dodo ya jefo zai koma kan mai shi.

Ta fuskar fasaha, a cire wa Nintendo hula. Kafin hakan ya yiwu, sai wasan ya riƙa adana tarihin motsin abubuwan da ke kewaye da ɗan wasa, inda suka bi da yadda suka juya, ko da babu wanda zai waiwaye su. Kuma duk wannan a kan Switch, mai amfani da guntun Tegra X1 na kamfanin Nvidia da RAM mai gigabait 4 kacal, abin da wayoyi masu matsakaicin farashi suka zarce tuni. Ba mamaki da wasan ya sayar da kwafi sama da miliyan 10 cikin kwana uku, duk da cewa dala 70 aka sa masa.

Sai dai gwanintar injiniyoyi daban, kyawun doka daban. Recall tana zana wa ɗan wasa hanyar da abu zai bi tun kafin ya amince, babu jira mai tsawo tsakanin amfani da ita, kuma ba ta cin makami. 'Yan wasa ba su ɓata lokaci ba suka gano dabara: a ɗaga katako sama da Ultrahand, a riƙe shi kaɗan, a sauke, a hau kansa, a danna Recall. An samu lif. Da wannan dabara guda ake tsallake wasannin ƙwaƙwalwa da dama a ɗakunan gwaji 152 na wasan, ba tare da an ko kalli abin da masu zanen suka shirya ba.

Masu kare Recall suna cewa ai 'yancin ke nan, Nintendo da kansa ya so kowace matsala ta kasance da mafita fiye da ɗaya. Gaskiya ne, kuma ranar farko da mutum ya gano dabarar yana jin kansa gwani. Amma idan mabuɗi ɗaya yana buɗe ƙofofi da yawa haka, a ƙofa ta goma babu sauran tunani, hannu ne kawai ke maimaita abin da ya saba.

Ba wai mayar da lokaci baya ne laifin ba. Prince of Persia: The Sands of Time na kamfanin Ubisoft ya yi shi tun 2003, amma wuƙar yariman sakan goma take iya mayarwa, kuma yashin da ke cikinta yana ƙarewa, sai an sake tarawa daga jikin dodanni. Zelda ɗin ma ya taɓa yin abin da ya fi haka tsanani. A Majora's Mask na shekarar 2000, wata zai faɗo wa duniya cikin kwana uku, kuma Link yana iya busa sarewa ya koma safiyar ranar farko. Idan ya koma, kibiyoyinsa da bama-bamansa sun tafi, kuɗin da bai kai banki ba sun tafi, mutanen da ya taimaka jiya sun koma cikin matsalarsu, ba su ma san shi ba.