Filin Wasanni: John Madden, mai bayanin ƙwallon Amurka

Lokacin kokowar takobi, mutanen Tasawa da Mayahi sukan kewaye rediyo. Ba su ga fage ba, amma in mai bayani gwani ne, sai ka ce a gabansu aka yi kayen. Irin wannan gwani Amurkawa suka samu, sunansa John Madden.

Ƙwallonsu dabam yake da na nan. Siffar ƙwai gare shi, rungumarsa ake yi a ruga, ƙarti 11 suna neman kada mai shi.

An haifi Madden a 1936. Ƙungiyar Philadelphia Eagles ta ɗauke shi a 1958, sai ya ji ciwo a gwiwa wajen horo, ko wasa ɗaya bai buga mata ba. Yana jinya, ya riƙa zama da wani babban ɗan wasa, Norm Van Brocklin, suna kallon fim ɗin wasanni, ana nuna masa dabarun ɗaya bayan ɗaya. Nan ya koyi aikin.

Daga 1969 ya horar da Oakland Raiders, suka ci babban kofi a Janairun 1977. Gajiya da gyambon ciki suka sa ya aje aikin, ya koma talabijin daga 1979 zuwa 2009. Yana magana yana zane kan hoton wasan, har baƙon wasa ya gane inda kowa ya bi.

Duk girmansa, tsoron jirgin sama yake yi. Da babbar mota yake ratsa Amurka zuwa filayen wasa. Ya rasu ran 28 ga Disamba 2021, yana da shekara 85.