Ku Fito Gayya: Wikipedia ta Hausa Tana Neman Masu Sani

Jama'a, akwai aiki a gabanmu wanda babu gwamnan da zai ba da kwangilarsa, babu kuma wata ƙasa da za ta turo mana ma'aikatansa. Aikin shi ne mu rubuta abin da muka sani da harshen da muka sha a nono, mu ajiye shi inda duk mai waya a hannu zai same shi kyauta. Wikipedia ta Hausa nake nufi. Na daɗe ina sa hannu a cikinta a matsayin ɗan sa-kai, babu albashi babu alawus, kuma abin da idona ya gani a can ne ya sa na fito yau ina yekuwa.

Ga wanda bai san ta ba, kundin sani ce a intanet, wadda Jimmy Wales da Larry Sanger suka buɗe ranar 15 ga Janairun 2001. Gidauniyar Wikimedia da ke Amurka ita ke riƙe da na'urorin, da kuɗin gudummawar jama'a, amma rubutun kansa na 'yan sa-kai ne, malamai da ɗalibai da 'yan fansho da matan aure, a harsuna sama da 300. Na Ingilishi ya haura muƙala miliyan 6. Namu fa? Harshen da mutum sama da miliyan 50 suke kwana suke tashi da shi, wanda aka fara buga Gaskiya Ta Fi Kwabo da shi a Zariya tun 1939, wanda BBC ta buɗe masa sashe tun 1957, har yanzu lissafin muƙalunsa na dubbai ne, kuma da yawa daga cikinsu ba su wuce layi biyu ko uku ba.

Duk wanda ya yi mako guda yana gyara zai saba da launi biyu. Idan suna ya fito da shuɗi, akwai shafi a bayansa, ka latsa ka karanta. Idan ya fito da ja, babu kowa a gidan, ba a taɓa rubuta komai a kansa ba. Na sha buɗe jerin sarakunan wata masarauta, ko jerin gundumomin wata ƙaramar hukuma, in ga ja ya rufe fuskar wayar tun daga sama har ƙasa. In ma an yi sa'a sunan shuɗi ne, sai ka shiga ka tarar da jimla ɗaya: gari ne a jiha kaza, ga yawan mutanensa a ƙidayar 2006. Shi ke nan. Babu ranar da kasuwarsu take ci, babu abin da suke nomawa, babu wanda ya sari garin, babu malaman da suka fito daga cikinsa. Gari ne mai ganuwa da ƙofofi da tarihin ɗaruruwan shekaru, amma yaron da aka haifa a cikinsa, in ya nemi sunansa a waya, abin da zai samu ke nan. Kano kaɗai tana da ƙananan hukumomi 44, Katsina 34, Jigawa 27. Ku ƙara da Sakkwato da Kabi da Zamfara, ku tsallaka Maraɗi da Damagaram da Tawa da Doso, ku leƙa zangon Kumasi da Nima a Akara, ku gangara Mai Wurno a bakin Shuɗin Nilu a Sudan. Kowane ɗaya daga wuraren nan akwai wanda ya san shi ciki da bai, kuma mai yiwuwa shi ne yake karanta wannan rubutu yanzu.

Kada wani ya ɗauka abin ya tsaya a shafin da kowa zai iya wucewa bai duba ba. Idan ɗalibi ya tambayi Google, sau da yawa amsar da ke fitowa a sama daga Wikipedia aka ɗebo ta. Manhajojin fassara da na'urorin nan masu amsa tambaya da ake yayi yanzu, suna koyon harsuna daga rubutun da suka tarar a intanet, kuma ga harshe irin namu wanda rubutunsa bai yi yawa a can ba, Wikipedia babban kaso ce ta abin da suke tarar. Irin Hausar da muka zuba a ciki, ita za su dawo wa 'ya'yanmu da ita.

A nan ne zuciyata ta fi ƙuna, don haka ku ba ni dama in tsaya. Ƙarancin muƙala ciwo ne, amma akwai wanda ya fi shi: muƙalar da aka zuba wa na'ura ta fassara daga Ingilishi, aka kwaso aka liƙa ba tare da mai liƙawar ya karanta ba. Sau da yawa gaggawar tara adadi ce ke jawo haka, musamman lokacin gasar rubuta muƙalu. Na sha raba dare a kan irin waɗannan shafuka. Tarihin mace ne, amma a layin farko an ce “ta”, a na biyu an koma “ya”, a na uku an mayar da ita jam'i. An bar jimla a tsaye babu aikatau. Ƙugiyoyin ƙ da ɗ da ɓ duk sun zube. Kalmomin Hausa ne ɗaya bayan ɗaya, amma ka karanta wa tsohuwa a gida ba za ta gane ko ɗaya ba. In shafin na ɗan ƙwallo ne, da sauƙi. In na maganin ciwon suga ne, ko na alamomin sanƙarau, to rai ake wasa da shi. Wannan masifa ta taɓa faɗa wa wasu. A 2020 aka gano cewa wani matashi Ba'amurke, wanda bai iya harshen Sikots na ƙasar Sikotland ba, ya shafe shekaru yana rubuta dubban muƙalu a Wikipedia ta wannan harshe, da kyakkyawar niyya kuwa, har gurɓataccen rubutunsa ya mamaye babban ɓangare na kundin. Abin ya daɗe haka ne saboda masu harshen ba sa leƙawa. Wallahi ba na so a wayi gari a ba da irin wannan labari a kanmu. Su matasan da ke wannan gaggawa ba abokan gaba ba ne, su ne ma suka fito lokacin da kowa yake zaune. Abin da suka rasa shi ne manya a kusa da su, masu kunnen Hausa, waɗanda za su ce: “Ɗana, ba haka ake faɗa ba, sake karantawa.”

Saboda haka kirana na farko gare ku ne, malamanmu na sassan Hausa da tarihi a Jami'ar Bayero, da Ahmadu Bello, da Usmanu Ɗanfodiyo, da Abdu Mumuni ta Yamai, da kwalejojin ilimi. Allah ya gafarta malam, kundin nan yana da doka mai tsauri: ba a rubuta abu sai da madogara da aka wallafa, wadda wani zai iya komawa ya duba. “Kakana ya gaya mini” ba ta shiga. Da farko dokar tana yi wa mutum ciwo, don yawancin saninmu a ka yake da baki, wurin maroƙa da 'yan ma'abba da tsofaffin fada. Amma na zo na fahimci ita ce katangar da ta hana kowa ya zo ya ɗora wa garinsu asalin da ya ga dama. Kuma madogaran muna da su, sun fi yadda ake zato. Ga Hausa a Rubuce na Ibrahim Yaro Yahaya. Ga Makaɗa da Mawaƙan Hausa na Sa'idu Muhammad Gusau. Ga Kano ta Dabo Cigari na Alhaji Abubakar Dokaji, ga Labarun Hausawa da Maƙwabtansu, ga ƙamusun Bargery na 1934 da na Jami'ar Bayero na 2006, ga abin da ke jibge a Arewa House da ma'ajiyar tarihi ta ƙasa a Kaduna. Littattafan suna kan kantocinku, yaran da ke da waya da zafin nama ba su da su. Ku haɗa biyun. Malami ɗaya in ya ba ajinsa aikin rubuta muƙala guda mai manazarta a zangon karatu, ya duba da kansa kafin a ɗora, ya yi abin da gasa goma ba za ta yi ba.

'Yan jarida, naku ya fi sauƙi kuma ya fi gaggawa. Duk tsohon maƙeri ko majemi ko ungozoma da kuka yi hira da shi kuka buga a Aminiya ko wata jarida mai edita, kun mayar da maganar baki ta zama madogara. Wanda kuka bari ya tafi ba a ɗauka ba, shafinsa ja zai zauna har abada.

Iyayenmu mata da 'yan'uwanmu mata, ku ji wannan da kyau. Ko a Wikipedia ta Ingilishi, da duk yawan ma'aikatanta, tarihin mata bai wuce kusan kashi ɗaya cikin biyar na tarihin mutane ba, domin yawancin masu rubutun maza ne, kuma kowa abin da ya sani yake rubutawa. Mu da muke da Nana Asma'u, wadda ta kafa tsarin 'Yan Taru tana aika malamai mata da ake kira jaji ƙauyuka su karantar da mata tun ƙarni na 19, bai kamace mu mu jira wani ya tuna da matanmu ba. Sarauniya Mangu da ta tari sojojin Faransa a Lugu a 1899, Hajiya Gambo Sawaba, Barmani Coge, Balaraba Ramat Yakubu da marubutan da suka biyo sawunta, kowace tana buƙatar shafi cikakke da aka rubuta da natsuwa. Sannan ga ilimin da yake hannunku ku kaɗai: yadda ake daddawa, yadda ake wankan jego da abin da likitoci suka ce a kansa, matakan biki tun daga kamu har buɗar kai. Aikin nan ba ya buƙatar fita. Daga tsakar gida ake yin sa, kuma ba dole ba ne ki sa sunanki na gaskiya.

Likita, nas, malamin gona, lauya: shafi ɗaya kowannenku, a kan abin da kuke maimaita wa mutane kullum har bakinku ya gaji. Amosanin jini, yoyon fitsari, tamowa, ƙuduji a gonar dawa, haƙƙin wanda aka kama. Ku rubuta shi da Hausar da kuke yi wa mara lafiya ko manomi bayani da ita.

Na san abin da za a ce: data tana da tsada, wuta ba ta samuwa, kuma me mutum zai samu? Gaskiya ne, kuma ba zan yi wa kowa alkawarin kuɗi ba. Hasali ma in wani ya ce ka biya shi ya buɗe maka shafi, ka yi hattara da shi. Wurin ba na tallar kai ba ne, ba na kirarin ɗan siyasa ba ne, ba kuma fagen rama gayya tsakanin ɗariƙu ko jam'iyyu ba. Ana kawo abin da kowane ɓangare ya ce, da hujjarsa, a bar mai karatu da hankalinsa. Za a goge maka rubutu wani lokaci, za a yi maka gardama a shafin tattaunawa, wanda bai kai ka shekaru ba zai ce ina madogararka. Ka daure, ka kawo ta. Abin da ni na samu kuwa zan faɗa. Akwai wurin da ake duba yawan waɗanda suka buɗe kowane shafi. Ranar da na ga wata gajeriyar muƙala da na gyara a kan zazzaɓin cizon sauro ana ta buɗe ta da damina, mutanen da ban san su ba kuma ba za su taɓa sanina ba, na ji abin da ban taɓa ji a wurin aikin albashi ba. Mun taso ana karantar da mu falalar ilimin da ake amfana da shi bayan mutum ya kwanta dama. Ga ƙofarsa a buɗe a cikin aljihunmu.

Kuma ba a ce sai ka iya rubuta doguwar muƙala ba. Wanda ya bi shafi ya mayar da ƙugiyoyin da suka zube ya yi aiki. Wanda ya ɗauki hoton Hasumiyar Gobarau, ko marinar Ƙofar Mata, ko kasuwar garinsu ranar da take ci, ya ɗora a Wikimedia Commons don kowa ya yi amfani da shi, ya yi aiki. 'Yan'uwanmu Dagwamba na arewacin Gana ba su kai mu yawa ba ko kusa, amma sun haɗa kai har aka buɗe musu tasu Wikipedia a 2021, suna ta ciyar da ita gaba. Mu tamu tana nan a buɗe tun tuni, hannu take jira.

To ku tashi. Yau da dare, bayan sallar isha'i, ka buɗe Wikipedia ta Hausa a wayarka, ka yi rajista, ba a biyan ko sisi. Ka nemi sunan garinku. Ka karanta abin da ka tarar da babbar murya, duk jimlar da kunnenka ya ƙi ka latsa “Gyara” ka daidaita ta. Ka ɗauko littafi ɗaya da ke gidan, ka ƙara gaskiya ɗaya, ka rubuta sunan littafin da marubucinsa da lambar shafi. Gobe ka nuna wa mutum biyu yadda ka yi. Ƙungiyoyin marubuta na Kano da Katsina da Gusau da Zinder, da ƙungiyoyin ɗaliban Hausa na manyan makarantu, ku sa wannan a ajandarku: ranar 26 ga Agusta, Ranar Hausa ta Duniya, bayan an gama jawabai da hotuna, a ware awa uku a ɗaki mai wuta, a gayyato tsohon malami ɗaya ya zauna a tsakiya da littattafansa, kowa ya zo da wayarsa da caja, a raba sunayen gundumomi, a fara.